Yadda ake gane ƙwaron kumfa a lambu da bakin hanya

Duk wanda watan Mayu ya taɓa riska a Ingila ko Jamus ya san wani farin kumfa da ke manne a jikin ciyawa, kamar wani ya tofa yawu ya wuce. Ranar da na fara gani tsaki na yi, na ɗauka ƙazantar masu wucewa ce. Ashe ɗaki ne, kuma mai ɗakin yana ciki. Turawan Ingila na kiran ƙwaron froghopper, saboda faffaɗan kansa irin na kwaɗo da kuma tsallensa. Masana kuwa Philaenus spumarius suke ce masa.

Mataki na farko: duba wata. Zuriya ɗaya tak yake yi a shekara, don haka watan da kake ciki shi zai faɗa maka abin da za ka nema. Macen tana saka ƙwai wajen Satumba da Oktoba a jikin busassun karare kusa da ƙasa, ƙwan ya shafe hunturu a nan, ya ƙyanƙyashe idan sanyi ya ja baya. Kumfa sai Mayu da Yuni. Daga nan manya ke fitowa, su yi ta yawo har sanyi ya dawo ya kashe su. A kudancin Turai kumfan yakan zo da wuri.

Mataki na biyu: nemi wurin. Filin ciyawa, bakin hanya, gindin shinge, lambun bayan gida. Ba ya zaɓen abinci, ɗaruruwan tsirrai yake sha, amma a lambu ka fara da lafanda (wani tsiro mai ƙamshi) da furen wardi. Duba daidai inda ganye ya haɗu da kara.

Mataki na uku shi ne mai daɗin. Samu tsinke ka ture kumfan a hankali. Za ka ga ɗan ƙwaro mai taushi, launinsa tsakanin rawaya da kore, ba fiffike, kansa na kallon ƙasa, ya soka bakinsa cikin karan. Ruwan da tsiro ke janyowa daga saiwa yake zuƙa. Ruwan nan kusan tsura ne, abincin cikinsa kaɗan, shi ya sa dole ya sha da yawa ya fitar da yawa. Abin da ya fitar ta baya shi yake hura wa iska har ya zama kumfa, ya lulluɓe kansa don kada rana ta busar da shi ko maƙiya su gan shi. Ka ɗan yi haƙuri, za ka ga yana turo ƙarshen cikinsa waje yana shan iska. Matakin girma biyar yake bi, yana saɓa tsakanin kowanne. Idan ka ga ƙananan tsiron fiffike a bayansa, ya kusa barin gida. Ka gama kallo, ƙyale shi, zai sake gina kumfansa.

Mataki na huɗu: gane babban. Tsawonsa milimita 5 zuwa 7, wato bai wuce ƙwayar shinkafa ba, sai dai ya fi ta kauri. Kada ka dogara da launi, zai yaudare ka: wani ruwan ƙasa ne mai dabbare-dabbare, wani fari-fari, wani kusan baƙi, kuma duk jinsi ɗaya ne. Siffa ita ce shaida. Kai faffaɗa, idanu a gefe, fikafikai sun rufe baya kamar jinkar ɗaki. Kai masa yatsa, sai dai ka ga wurin wayam. Malcolm Burrows na Jami'ar Kambirij ya nuna a 2003 cewa yana iya tashi sama har santimita 70, ya zarce ƙuma da aka daɗe ana yi wa kirarin tsalle.

Akwai wasu ƙananan ƙwari masu tsalle a ganye da ke kama da shi. Ɗauki hoto da waya ka ƙara girmansa, ka duba ƙafar baya. Ƙwaron kumfa ƙaya biyu masu kauri gare shi a ƙwauri, su kuwa jerin ƙayoyi ne kamar haƙoran mataji.

Mataki na ƙarshe: me za ka yi da shi? A lambun gida ɓarnarsa ba ta taka kara ta karya ba. In kumfan ya dame ka, watsa ruwa ya wanke, feshin magani asarar kuɗi ce. A yankin Puliya na kudancin Italiya kuwa zancen daban ne. Shi ne babban mai yaɗa ƙwayar cutar Xylella fastidiosa, wadda aka gano a can a 2013, ta busar da miliyoyin itatuwan zaitun. Shi ya sa manoman yankin ke nome ciyawa tun 'ya'yan suna cikin kumfa, kafin su yi fiffike su hau itace.

Irin wannan kumfa da manomanmu ke gani a ganyen dawa da damina ba nasa ba ne. Na danginsa ne na Afirka, irin su Poophilus costalis, amma tsinken nan dai shi zai nuna maka mai ɗakin.