Matakan neman karatu a kwalejojin shekara biyu na Amurka

Saboda yawan masu tambaya, ga yadda ake yi.

1. Ka duba shafin ofishin jakadancin Amurka, ka tabbatar ana ba 'yan ƙasarku bizar ɗalibai.
2. Ka zaɓi kwalejin da ke da izinin SEVP, wato shirin gwamnatin Amurka da ke ba makarantu izinin ɗaukar ɗaliban ƙasashen waje.
3. Ka cike takardar neman gurbi da kanka.
4. Ka aika da sakamakon jarrabawarka da shaidar kuɗin banki. Hattara, kada ka yarda wani dillali ya haɗa maka takardar banki ta bogi, domin idan aka gano, ana iya haramta maka biza har abada.
5. Ka karɓi takardar I-20, wato shaidar samun gurbi da kwalejin ke bayarwa don neman biza.
6. Ka biya kuɗin SEVIS (tsarin rajistar ɗaliban ƙasashen waje na gwamnatin Amurka), dala 350.
7. Ka cike fom DS-160, wato fom ɗin neman biza da ake cikewa ta intanet.
8. Ka halarci ganawar bizar F-1 (bizar ɗalibai) da takardunka na asali.