Yadda ake yawon ƙafa da jagora a tsohon garin Nuremberg, daga tasha zuwa kasuwa har kan tudun fada

Duk wanda ya zo mini baƙunta a nan Jamus in dai yana da yini ɗaya da ba shi da wani uzuri to Nuremberg nake cewa mu je, kuma ba wai mu je mu tsaya gaban coci mu ɗau hoto mu juyo ba, a'a, mu samu jagora ya zaga da mu da ƙafa. Dalilina ɗaya ne. Daren 2 ga Janairun 1945, lokacin yaƙin duniya na biyu, jiragen yaƙi sun yi wa garin ruwan bama-bamai har kusan kashi 90 cikin 100 na tsohon garin ya rushe, daga baya aka zo aka sake gina shi bisa tsohon tsarin titunansa, saboda haka abin da idonka zai gani yau gauraye ne, wani bangon ya haura shekara 600 na kusa da shi kuma bai kai 80 ba, kuma wallahi in ba wanda ya san garin ne ya nuna maka ba ba za ka iya bambancewa ba. Ga yadda nake tsara tafiyar.

Da farko ka zaɓi rana da kyau. Kasuwar da ake ci a babban filin gari, wato Hauptmarkt, daga Litinin zuwa Asabar take ci, ranar Lahadi kuwa kantuna a rufe suke a Jamus, za ka tarar da fili fayau babu rumfa. Litinin kuma gidajen tarihi da yawa ba sa buɗewa. Ni dai Talata zuwa Alhamis na fi so, Asabar akwai armashi amma akwai cunkoso. Sannan ko wace rana ka zaɓa ka tabbata ƙarfe 12 na rana ta same ka a filin kasuwar, zan faɗi dalili a gaba. Abu ɗaya da mutanenmu kan manta shi ne lokacin salla, a Disamba azahar kan shiga da 12 da 'yan mintuna, la'asar wajen 2, magariba 4 da ɗan wani abu ta yi, kaga kenan in yawon naku ya fara ƙarfe 1 sai ka yi lissafi tun daga gida, masallatai galibi suna wajen ganuwa, ta unguwannin kudu da tashar jirgi da kuma Gostenhof, to ka fito da alwalarka. A Yuni kam babu wannan matsin, rana ba ta faɗuwa sai bayan 9 na dare.

Na biyu, ka samo jagoran. Akwai na ofishin baƙi na gari wanda yake nan a bakin filin kasuwar, ana sayen tikiti a wurin ko ta intanet, akwai kuma waɗanda ake cewa na kyauta ne amma ba kyauta ba ne, tukuici ake bayarwa a ƙarshe gwargwadon yadda ka ji daɗi, akwai kuma wanda za ku ɗauka ku kaɗai in ku iyali ne ko kuna da tsoho a tare da ku, ya fi tsada amma da tafiyarku zai tafi. Ka duba harshe kafin ka biya, yawancinsu da Jamusanci ne, na Turanci ba su kai su yawa ba kuma a lokacin sanyi sukan ragu. Yawon cikin gari kan ɗauki awa ɗaya da rabi zuwa biyu. Kar ka rikita shi da yawon filin tarukan 'yan Nazi ko ɗakin shari'a mai lamba 600 inda aka gurfanar da manyansu a 1945 zuwa 1946, waɗannan duk a wajen tsohon gari suke, yini daban suke buƙata.

Na uku shiri. Takalmi mai faɗin ƙasa wanda ka saba da shi, don titunan daɓen dutse ne kuma ƙarshen tafiyar hawan tudu ne, Hajiya dan Allah a ajiye mai tsini a masauki. Rigar sanyi, ƙaramar laima, da canji a aljihu saboda banɗaki kuɗi ake biya, sannan wasu masu rumfa har yau tsabar kuɗi suka fi so a kan kati.

Na huɗu ka isa da wuri ka taka da kanka daga tasha zuwa kasuwa. A allon jirgi Nürnberg Hbf za ka gani, daga Munich jirgin ƙasa mai gudu na ICE kamar awa ɗaya ne, daga Frankfurt kamar biyu, in ta filin jirgin sama ka sauka jirgin ƙarƙashin ƙasa U2 zai kawo ka cikin 'yan mintuna. Kana fitowa daga tasha ganuwa ce a gabanka da wata ƙatuwar hasumiya zagayayya, duk wanda ya taso ya ga badalar Kano sai zuciyarsa ta motsa, nasu na dutse ne, asalin tsawonta kusan kilomita 5 kuma kusan 4 na nan tsaye ana kula da ita. Ka bi Königstraße kai tsaye, za ka wuce cocin Lorenz mai hasumiya biyu, ka gangaro kan gadar kogin Pegnitz wanda ya raba garin biyu, ɓangaren cocin Lorenz a kudu ɓangaren cocin Sebald a arewa. A kan gadar ka waiwaya dama, ginin da ya haye kan ruwa shi ne Heilig-Geist-Spital, gidan jinyar marasa lafiya da tsofaffi da wani attajiri ya gina tun ƙarni na 14, a nan aka ajiye kayan sarautar daular Roma Mai Tsarki, wadda ƙasar Jamus ke ƙarƙashinta a da, har da kambi, daga 1424 zuwa 1796. Tafiyar ba ta wuce minti 15 ba in ba ka tsaya ba. Kuma ka kai wurin haɗuwa saura minti 10, in an ce 11 to 11 ɗin ce, jagora zai ƙirga mutanensa ya wuce, babu wanda zai kira ka a waya. A hanya ka lura kar ka tsaya kan layin masu keke.

Na biyar, kasuwar kanta, kuma nan ne nake so ka buɗe kunne sosai. Ka matsa kusa da jagoran don hayaniya na cinye murya. Abin da za ka fara gani rumfuna ne masu rufin ja da fari, kayan lambu, 'ya'yan itace, furanni, cuku, zuma, burodi, da yawa daga cikin kayan lambun daga gonakin arewa da gari ake kawo su, yankin da suke kira Knoblauchsland wato ƙasar tafarnuwa. Amma filin nan ba haka kawai aka same shi ba. Unguwar Yahudawa ce a da, a 1349 sarki Karl na 4 ya ba masu gari izini su rushe ta su yi kasuwa, aka kashe mutum sama da 500, kuma cocin Frauenkirche da ke gabas da filin a kan gurbin wurin ibadarsu aka gina ta. Jagora na kirki zai tsaya ya faɗi wannan a fili ba tare da kwana-kwana ba, in ka ga ya tsallake ka tambaye shi, ni a wurina da wannan nake auna jagora. Mutum na tsaye yana zaɓar tuffa bai san a kan me yake tsaye ba.

Da 12 ta buga kowa zai ɗaga kai sama, a goshin cocin akwai agogo tun na 1509, ƙofa za ta buɗe mutum-mutumi bakwai su fito su zagaya sarki sau uku yana zaune. Waɗannan bakwai ɗin su ne masu zaɓen sarki, uku manyan limaman coci huɗu sarakunan ƙasa, kamar yadda dokar 1356 ta tsara, kuma dokar ce ta ce sabon sarki ya yi zaman majalisarsa na farko a Nuremberg. Mu da muka san masu zaɓen sarki a masarautunmu ba sai an yi mana dogon bayani ba. Abin ba ya daɗewa, 'yan mintuna ne, ka tsaya daga tsakiyar fili ka fi gani, a gindin cocin wuya kawai za ta yi maka ciwo.

Daga nan za a kai ku Schöner Brunnen, wata maɓuɓɓugar ruwa mai siffar tsinin hasumiya, tsawonta kamar mita 19 da mutum-mutumi 40 a jikinta, an gina ta tsakanin 1385 da 1396. Wadda ke tsaye kwafi ce, ragowar ta asali na gidan tarihi, kuma lokacin yaƙi da kankare aka lulluɓe ta shi ya sa ta tsira. Za ka ga layi ana juya wani zobe a jikin shingen ƙarfen wai yana kawo sa'a, camfi ne nasu, ka kalli aikin maƙerin da ya saka zoben ba a ganin mahaɗi ka wuce abinka, ba wanda zai ce sai ka taɓa.

Sayayya kuma ka bari sai an tashi, kar ka tsayar da jama'a. In ka dawo ga ƙa'ida, ba a taɓa kaya ana latsawa, ka nuna mai rumfa ya ɗauko maka, farashi a rubuce yake bisa kilo, babu tayi babu albarka babu gyara. In ƙarshen Nuwamba zuwa 24 ga Disamba ka zo to filin gaba ɗaya ya koma kasuwar Kirsimeti, Christkindlesmarkt, masu kayan lambu sun matsa wasu titunan, cunkoso ya kai inda ya kai, ka riƙe yaro da hannu ka mayar da jaka gaba.

Na shida hawan tudu. Za ku wuce tsohon gidan majalisar gari mai kurkuku a ƙarƙashinsa, da cocin Sebald, sai hanya ta fara miƙewa sama zuwa Kaiserburg, fadar da sarakunan daular kan sauka. Kar ka ji kunyar tsayawa ka huta. Daga sama garin duka na ƙarƙashinka da jajayen rufi, nan ne wurin da ya fi dacewa ka yi tambayar da nake cewa kowa ya riƙe a baki tun farkon tafiya, wanne ne na asali wanne aka sake ginawa. Yawancin yawon a farfajiya yake tsayawa, shiga ciki tikiti daban ne, amma in da hali ka saya saboda rijiyar, zurfinta kusan mita 50 a cikin dutse, ana zuba ruwa kana tsaye kana jira kafin ka ji ƙarar saukarsa. Gangarowa kaɗan sai gidan Albrecht Dürer, mai zanen da ya zauna a ciki daga 1509 har rasuwarsa a 1528, yana cikin gine-ginen da suka tsallake yaƙin duk da ya samu ɓarna. A ƙarƙashin wannan tudun akwai ramuka da aka sassaƙa don ajiyar giya, su ne daga baya suka zama maɓoyar jama'a da kayan tarihi lokacin ruwan bama-bamai, su ma da nasu yawon daban.

Na bakwai abinci, ka kula. Ƙananan tsiran nan da ƙamshinsu ya cika gari, da ake saka uku a cikin burodi ana ce musu Drei im Weckla, naman alade ne, haka ma Schäufele. Glühwein da ake sha da zafi a kasuwar Kirsimeti giya ce, wanda babu giya shi ne Kinderpunsch, kuma kuɗin da aka ƙara maka na kofi ne, in ka mayar a dawo maka da shi. Wasu jagororin kan haɗa yawo da ɗanɗane, to ka faɗa musu tun wajen yin rajista. Ka haddace "Ist da Schwein drin?" wato akwai alade a ciki, da "ohne Alkohol", ruwan sha kuma ka ce "still" in ba haka ba mai gas za a miƙo maka. Tsarabar da nake saya ita ce Lebkuchen, wani kek mai kayan ƙamshi, nau'in Elisen ya fi don 'ya'yan itacen ɓawo irin su almond sun yi yawa a cikinsa fulawa kaɗan, ka karanta jikin kwalin kafin ka biya. Abincin halal kuwa ta wajen tasha da Gostenhof ba ya wuya.

In jagora ya yi sallama, wanda na tukuici ne ka ba shi abin da ya dace da awa biyu da ya yi yana magana a tsaye cikin sanyi, kar a sulale. Sannan kar ka koma ta hanyar da ka zo. Ka gangara ta Weißgerbergasse, layin majema ne, masu jimar fata, gidajensu na katako da bango masu launi kusan ashirin suna nan, daga ƙarshensa ka haye Kettensteg, gadar sarƙa ta 1824, ka bi bakin kogi zuwa Henkersteg, gadar hauni, inda mai zartar da hukuncin kisa yake zaune shi kaɗai a kan ruwa don jama'a na ƙyamar maƙwabtaka da shi. Daga nan minti biyar ka koma kasuwa ka yi sayayyarka kafin masu rumfa su fara tattara kaya da yamma.