Yadda ake rubuta labarin na'urar da ke sauya duniya ta hanyar sauya labari

Cikin matasan da ke rubuta ƙagaggun labarai a Yamai suna turawa a WhatsApp da Facebook, akwai wani jigo da ya shiga ran mutane: na'urar da idan aka sa mata labarin wani abu aka canza shi, sai abin da kansa ya canza a zahiri. Jigo ne mai daɗi, amma yawancin waɗanda na karanta ba sa wuce babi na uku da rai. Marubucin ya miƙa wa jaruminsa abin da ke iya komai, daga nan shi ma ya rasa abin faɗi. Maganar nahawu da tsara babi ba zan taɓa ta ba, wannan kowa ya je ya koya.

Da fari, ƙera na'urar da abin da mai karatu ya taɓa riƙewa a hannunsa. Ka bar maganar ɗakin bincike mai fitilu shuɗɗa da kwamfutoci jere. Ni dokata ita ce na'urar ta zama abin da za a iya tsinta cikin tarkacen kasuwar Katako. Wadda na fi so ita ce tsohuwar rediyo mai kaset. A ɗauki muryar tsohuwa tana ba da labarin kafuwar unguwa, a goge wani wuri, a ɗora sabuwar magana, gari ya waye unguwar ta bi abin da kaset ya faɗa. Amfanin kaset shi ne ya zo da iyakarsa. Kaset ɗin C60 minti 30 ne kowane gefe, zarensa yana lalacewa in an yawaita gogewa, rediyon kuma tana iya tauna shi. Duk wanda ya taɓa nannaɗe zaren kaset da bik ya san fargabar da nake nufi, ba sai ka ɓata shafi kana bayani ba.

Na biyu, yanke irin labaran da na'urar ke iya taɓawa. Ka tsaya kan labaran da mutane ke ba junansu: asalin zuri'a, kafuwar gari, kirarin ɗan kokowa, abin da maroƙi ke faɗa ranar biki. Kada ka kai ta ga abin da ya shafi addini ko ƙaddara. Masu karatunmu za su ajiye labarin su koma musu da kai, kuma gaskiyarsu ne. Ka kuma sa sharaɗi cewa labarin da mutum ɗaya kaɗai ya sani ba ya aiki, sai wanda ya ratsa bakuna da yawa. In ba haka ba jaruminka zai zauna a ɗaki ya karanta wa na'ura cewa shi attajiri ne, labari ya ƙare.

Na uku shi ne inda kowa ke faɗuwa, wato bin sawun canjin har inda ya tsaya. Sabon marubuci yakan ɗauki babban abu ya juya shi, ya bar sauran duniya yadda take. Mu ɗauki misali. A 1926 ne Faransawa suka ɗauke babban birni daga Damagaram suka maido shi Yamai. Ka ce jaruminka ya goge wannan daga kaset, babban birni ya zauna Damagaram. To, madalla. Amma a shafi na gaba sai in gan shi ya hau kabu-kabu ya tsallaka gadar Kennedy zuwa jami'a a Harobanda. Wa ya gina gadar? An buɗe ta a 1970 ne saboda Yamai babban birni ce. Jami'ar ma haka, ma'aikatun gwamnati haka, ofisoshin jakadanci haka.

Wannan ma mai sauƙi ne, don gine-gine kowa na iya tunawa da su. Abin da ake mantawa mutane ne. In jaruminka Ba'adare ne wanda mahaifinsa ya baro Tawa ya zo cirani Yamai ya auri mahaifiyarsa a nan, to a sabuwar duniyar mahaifin ba zai bi ta Dogon Dutsi da Doso ba. Daga Ƙonni gabas zai yi, ta Madawa da Maradi da Tasawa. Wata mace zai aura. Jaruminka ya goge kansa da hannunsa ke nan. Ko ka yarda da haka ka mai da shi ƙashin bayan labarin, ko ka zaɓi ƙaramin canji. In kuma ka bar shi da rai ta wata dabara, ka duba bakinsa: yaron da ya tashi yana cakuɗa Hausa da Zabarmanci a titi ba zai yi haka a waccan duniyar ba, kofto ma, kwaɗon ganye na Zabarmawa, ba lalle ya san shi ba.

Dabarar da nake bai wa kowa ita ce ya sayi kaye guda don wannan kawai. Shafin hagu canjin da aka yi, shafin dama duk abin da ya biyo baya, mutum mutum, gida gida. Kaye da bik sun fi arha bisa kuɗin intanet ɗin da za ka ƙona kana gyara babin da ka riga ka saki. Idan shafin dama ya cika ya tumbatsa, canjin ya fi ƙarfinka, ka rage shi. Shi ya sa nake hana masu farawa taɓa yaƙin Sarauniya Mangu da rundunar Voulet da Chanoine a Lugu a 1899, ko tawayen Kawusan a Agadas a 1916. Kowa hannunsa can yake zuwa saboda zafin tarihin, alhali juya ɗaya daga cikinsu na nufin sake rubuta ƙasar baki ɗaya. Ka fara da abin da bai wuce gida biyu ba. Wa ya fara haƙa rijiyar unguwa. Wa ya kada wa a wani karon kokowa na ƙauye, shekaru kafin a fara gasar takobi ta ƙasa a Tawa a 1975. Irin wannan ƙaramin abu ya isa ya sauya wanda aka ba aure da wanda ya gaji gona.

Na huɗu, wa ke tuna tsohuwar duniya? Dole a samu mutum ɗaya, in ba haka ba babu mai jin zafin abin da aka rasa. Masu farawa jarumi suke ba wannan matsayi. Ni na fi son a ba tsohuwar da aka ɗauki muryarta. Ita ce za ta dubi yaron ta ce: «Kai jikana, jiya ina da ƙane mai suna Ilu, yau kowa na cewa ban taɓa yin ƙane ba. Me ka yi da maganata?» Yaron ya ce: «Kaka, kaɗan na gyara.» Daga nan labari ya samu abin da zai ci har ƙarshe. Kuma kowane amfani da na'urar ya ci wani abu daga wanda ya danna, abin da ba ya dawowa.

Saura ba wuya. Kada ka bayyana wanda ya ƙera na'urar, duk bayanin da ka kawo zai rage mata kwarjini. Amfani uku ya isa littafi guda. Kada ka rufe da cewa ashe mafarki ne, kada kuma a danna wani wuri komai ya koma daidai. Kafin ka saki, karanta shi da ƙarfi a fada lokacin shayi, ka sa ido kan wanda ya fi kowa gardama. Duk inda ya tsayar da kai ya ce «to ai in haka ne, wane ba zai kasance ba», ka buɗe kaye ka rubuta sunan wanen a shafin dama.