Yadda na gyara miyar kirim ɗin taliya da ke tsinkewa

Matsalar dai ita ce duk sanda na haɗa taliya da kaza da mashrum (lemar kwaɗi irin wadda ake ci) da kirim (madara mai kauri ta girki) sai miyar ta tsinke, mai ya taso sama ruwa ya kwanta ƙasa, ga wasu gudaji-gudaji kamar kindirmo ya lalace. Ashe abu biyu ne ke jawo haka, ruwan mashrum da kuma zafin wuta.

Shi mashrum kusan duk jikinsa ruwa ne, in kika zuba shi kan kaza da albasa lokaci ɗaya ba soyuwa zai yi ba, dahuwa zai yi ya cika miki kasko da ruwa. Yanzu ina fara soya tsokar kazar in kwashe, sai in soya mashrum ɗin shi kaɗai a wuta mai ƙarfi har ruwan ya ƙone ya yi ja, gishiri sai daga baya. Kar ki cika kaskon, gara ki soya kashi biyu.

Kafin kirim ya shiga kuwa ina rage wuta can ƙasa, kar ya tafasa sam. Ranar da babu kirim, don wallahi tsadarsa ta isa, madarar gwangwani nake sawa amma sai na fara soya fulawa cokali 1 a bota da tafarnuwa, ita ke riƙe madarar.

Sannan ruwan da na dafa taliyar ba na zubarwa duka, ina ajiye kofi 1 in riƙa zubawa da ludayi ina juyawa, sitacin cikinsa ne ke sa miyar ta manne jikin taliyar. Masoro a ƙarshe, kuma a ci da zafi don in ta huce daskarewa take.