Yadda Za Ka Lissafa Ainihin Abin da Lamunin Gida Zai Ci Kafin Ka Sa Hannu

Idan ma'aikaci a Kaduna ya je banki neman lamunin sayen gida, tambayar da ya fi yi ita ce nawa za a riƙa cirewa daga albashinsa duk wata, kuma da zarar ya ji adadin da bai fi ƙarfinsa ba sai hankalinsa ya kwanta. Tambayar tana kan hanya, amma ba ta wadatar ba, domin abin da ake cirewa a wata ba ya nuna abin da gidan zai ci gaba ɗaya. Wannan jimillar ce ya kamata ka riƙe a hannu kafin ka sa hannu a kowace takarda, kuma biro da takarda da kalkuletar wayarka sun isa su fitar da ita.

Matakin farko shi ne ka ninka biyan wata da yawan watannin da za ka yi kana biya, sannan ka debe uwar kuɗin da aka ba ka. Abin da ya rage shi ne kuɗin ruwa. Mu ɗauki lamunin da ma'aikata suka fi sani, wato na Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa a 1992 kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yake kula da shi. Ana cire kashi 2.5 cikin ɗari daga albashin ma'aikaci a zuba a asusun, wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubawa yana iya neman lamuni, ruwan da ake ɗorawa kashi 6 ne cikin ɗari a shekara, wa'adin biya kuma yana iya kai shekara 30. Wanda ya karɓi naira miliyan 10 a kan waɗannan sharuɗɗa zai riƙa biyan kimanin naira 59,955 a wata, kuma idan aka ninka wannan da wata 360 za a samu kusan naira miliyan 21.6. Ke nan kuɗin ruwa kaɗai ya kai miliyan 11.6, ya zarce uwar kuɗin, alhali wannan yana cikin lamuni mafi sauƙi da ake samu a Nijeriya.

Yanzu ka sauya wa'adin ka ga abin da zai faru. Idan aka mayar da shi shekara 20, biyan wata zai hau zuwa naira 71,643, amma jimillar za ta sauko zuwa miliyan 17.2. Idan shekara 15 ce, biyan wata zai zama naira 84,386, jimillar kuma miliyan 15.2. Ƙarin da bai kai naira 12,000 a wata ba, tsakanin shekara 30 da shekara 20, yana rage fiye da naira miliyan 4. Sai dai ba kowa ne yake da zaɓi a nan ba. Ƙa'idar ita ce biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da mutum yake samu, saboda haka mai son biyan 59,955 sai albashinsa ya kai kusan naira 180,000. Shekarun haihuwa ma suna yanke wa'adin, domin ana son a gama biya kafin ritaya, ma'aikacin gwamnati kuwa yakan ajiye aiki idan ya kai shekara 60 a duniya ko 35 a bakin aiki. Mai shekara 45 ya yi lissafinsa a kan shekara 15, kada ya ɗora shi a kan 30.

Abin da ya fi ba mutane mamaki shi ne yadda ake raba biyan wata a ciki. Ana lissafa ruwa ne a kan abin da ya rage na bashi, kuma a farkon tafiya kusan duk bashin yana nan. A watan farko na wancan lamuni na shekara 30, naira 50,000 daga cikin 59,955 kuɗin ruwa ne, naira 9,955 kacal ce take rage uwar kuɗi. Bayan shekara 10 cur, mutum ya biya kusan miliyan 7.2, amma har yanzu ana bin sa kimanin miliyan 8.4. Sai a cikin shekara ta 19 ne abin da yake tafiya ga uwar kuɗi zai fara rinjayar abin da yake tafiya ga ruwa. Wannan ba maguɗi ba ne, haka tsarin yake, amma wanda bai san shi ba zai sha wuya ranar da aka yi masa canjin wurin aiki daga Kaduna zuwa wata jiha, ya so ya sayar da gidan yana zaton ya biya sulusin bashin. Saboda haka ka nemi banki ya ba ka jadawalin biya a rubuce, wata bayan wata, mai nuna ruwa daban, uwar kuɗi daban, da ragowar bashi. A ganina, duk wanda ya yi nauyin hannu wajen ba ka wannan jadawali bai cancanci ka jinginar masa da gidan iyalinka ba.

Wannan tsari yana da amfani ga wanda ya fahimce shi, domin duk abin da aka ƙara a farkon shekaru kai tsaye yake sauka a kan uwar kuɗi. Idan mai biyan 59,955 ya riƙa ƙara naira 10,000 duk wata, zai gama a cikin kusan shekara 21 maimakon 30, kuma zai tsira da kusan naira miliyan 4. Kafin ka dogara da wannan, ka duba ko yarjejeniyar ta yarda da biya kafin lokaci, ko akwai tara a kansa, kuma ka tabbatar an rubuta cewa ƙarin zai tafi ga uwar kuɗi ne, ba za a ajiye shi a matsayin biyan watan gaba ba.

Lamunin bankunan kasuwanci wani abu ne daban, kuma a nan ne lissafi yake da zafi. Mu ƙaddara an ba ka miliyan 10 ɗin nan a kan ruwan kashi 24 cikin ɗari. A shekara 10 za ka riƙa biyan kimanin naira 220,500 a wata, jimilla kusan miliyan 26.5. Idan ka roƙi a tsawaita zuwa shekara 20 don ka samu sauƙi, biyan wata zai sauko ne kawai zuwa kimanin 201,700, jimillar kuwa ta haura miliyan 48. Sauƙin da bai kai naira 19,000 a wata ba ya jawo ƙarin kusan miliyan 22. Idan ruwa ya yi yawa haka, tsawaita wa'adi ba ya taimakon mai biya.

Akwai tambayoyi biyu da dole ka yi game da ruwan kansa. Ta farko ita ce ko tsayayye ne ko mai sauyawa. Yawancin lamunin kasuwanci yana bin yanayin kasuwar kuɗi, kuma ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya ya tashi daga kashi 11.5 a farkon 2022 zuwa kashi 27.5 a ƙarshen 2024. Wanda yarjejeniyarsa ta ba banki damar sauya ruwa ya ji wannan tashi a jikinsa. Idan naka mai sauyawa ne, ka sake lissafin da ƙarin kashi 4 ko 5, ka ga ko albashinka zai ɗauka. Ta biyu ita ce ko ana lissafa ruwan a kan ragowar bashi ne ko a kan uwar kuɗin farko har ƙarshe. Lissafi a kan uwar kuɗin farko ya fi yawa a wajen masu gina rukunin gidaje da suke sayarwa a biya sannu a hankali, da wasu ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata. Kashi 12 a kan ragowar bashi, na miliyan 10 a shekara 10, yana haifar da ruwan miliyan 7.2, amma kashi 12 a kan uwar kuɗin farko yana haifar da miliyan 12 cif, wanda daidai yake da kusan kashi 18 da rabi a ɗayan tsarin. Adadin da ke jikin takardar talla ɗaya ne, bambancin kuwa ya kusa miliyan 5.

Da yawa daga cikin masu karatu ba za su kusanci lamuni mai ruwa ba saboda addini, kuma hanya a buɗe take gare su tun da bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, daga baya TAJBank da Lotus suka biyo. A tsarin murabaha banki yana sayen gidan ya sayar maka da ribar da aka sani tun farko, don haka jimillar tana rubuce a fili. A tsarin ijara ko musharaka mai raguwa kuwa kana biyan hayar kason banki ne kana kuma sayen kason kaɗan kaɗan, kuma a nan ya wajaba ka tambaya ko za a riƙa sake duba hayar, sau nawa, kuma da wane ma'auni. Halaccin ciniki bai ɗauke maka nauyin lissafi ba: ka ninka biyan wata da yawan watanni kamar yadda aka yi a sama, ka kuma tambaya ko za a yi maka rangwame idan ka gama biya kafin wa'adi.

Duk wannan bai taɓa kuɗin da za ka fitar kafin a miƙa maka makulli ba, kuma shi ne yake tsayar da mutane da yawa a tsakiyar hanya. Akwai kafin alƙalami, wato kason farashin gidan da za ka biya daga aljihunka. Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa ta yarda ma'aikaci ya yi amfani da abin da bai wuce kashi 25 cikin ɗari na asusun fanshonsa ba don wannan, amma ka rubuta shi a lissafinka a matsayin kuɗin da ka kashe, domin daga abincin tsufanka aka ɗebo shi. Akwai ladan mai kimanta darajar gida, da na lauya, da la'adar dillali, da kuɗin gudanarwa da banki yake cirewa tun farko. Sannan akwai batun takardu. Dokar filaye ta 1978 ta sanya ƙasar jiha a hannun gwamna a matsayin amana, kuma ba a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka sai da amincewarsa. A Kaduna, hukumar KADGIS ce take riƙe da bayanan filaye, a can ake binciken takardar gidan, a nemi amincewa, a kuma yi rajistar jinginar, ga kuɗin kan sarki da ake biya a kan takardun. Binciken nan kada ka raina shi, domin shi ne zai nuna ko an riga an jinginar da gidan a wani wuri, ko ana bin sa harajin fili na shekarun baya da zai iya faɗowa a kanka. Gidajen da ke sababbin unguwanni kamar Millennium City ko wajen Rigachikun, da tsofaffin gidajen gado na cikin gari da takardar cinikin mai unguwa kaɗai suke da ita, kowanne da irin ɗawainiyar takardunsa. Ka nemi a rubuta maka kowane caji da adadinsa a naira, ba a kashi cikin ɗari kawai ba, kuma ka tambaya wanne za a mayar maka idan lamunin bai fito ba.

Bayan an tare, inshorar gobara da inshorar rai, ko takaful ga masu bin tsarin Musulunci, suna zuwa duk shekara muddin akwai bashi, haka ma harajin fili. Ka ninka su da yawan shekaru ka zuba a jimilla. Idan gidan yana kusa da kogin Kaduna, ka karanta takardar inshorar ka ga ko ta ƙunshi ambaliya, domin ba kowace ce take ƙunsarta ba. Gyaran rufi da famfo da fenti, waɗanda a gidan haya mai gida ake kira, yanzu naka ne.

Idan ka haɗa komai, gidan miliyan 12 da ka biya miliyan 2 kafin alƙalami ka ranci miliyan 10 na shekara 30 ya riga ya kai miliyan 23.6 tun ba a sa takardu da inshora ba. Wannan adadi bai kamata ya firgita ka har ka fasa ba, domin akwai abin da ke ɗaya gefen ma'auni. Kuɗin hayar da za ka daina biya yana hawa kusan duk shekara, biyan lamuni mai tsayayyen ruwa kuwa ba ya motsi, kuma darajar naira tana raguwa: mafi ƙarancin albashi na ƙasa ya tashi daga naira 18,000 a 2011 zuwa 30,000 a 2019, sannan 70,000 a 2024. Naira 59,955 da take da nauyi yau za ta yi sauƙi bayan shekara 15. Saboda haka nake ganin lamunin kashi 6 tsayayye abin nema ne ga wanda ya cika sharuɗɗa, na kashi 20 da wani abu mai sauyawa kuwa sai dai ga wanda yake da tabbacin zai biya cikin 'yan shekaru.

Sashen yarjejeniyar da ya yi magana a kan jinkirin biya ka karanta shi tare da lauyanka, ba lauyan banki ba. Ka san tarar da ake ɗorawa, da ko tana hawa kan ragowar bashi duka ne ko kan biyan da aka makara kaɗai, da watanni nawa ake jira kafin a fara maganar sayar da gidan, da abin da zai faru idan albashi ne ya makara ba da laifinka ba. Yana da kyau ka ware biyan wata uku a gefe tun kafin ka tare. Haka kuma ka tambayi kuɗin fita tun yanzu, domin idan ka gama biya sai banki ya rubuta takardar sakin jingina, a kai ta KADGIS a soke rajistar, kuma muddin ba a yi haka ba gidan yana nan a matsayin jinginanne a kundin gwamnati, ba za ka iya sayar da shi ko magada su raba shi cikin sauƙi ba. Ka sa a rubuta wanda zai biya wannan ɗawainiya da kwanakin da banki zai ɗauka kafin ya sako takardun asali.