Yadda ake ɗaukar fim ɗin waɗanda rikicin Boko Haram ya raba da gidajensu

Masu tasowa a harkar fim da yawa sukan sauka Maiduguri da kyamara a kafaɗa, su ce a nuna musu sansanin ’yan gudun hijira. Tun 2021 gwamnatin Borno ta fara rufe sansanonin cikin gari, irin su Bakassi, ana mai da mutane Bama, Gwoza da Monguno. Labarin yana can inda aka koma: gona ta zama daji, gida ya zama kango, miji ya ɓace ba a san kabarinsa ba.

Ka fara da izini. Ka je hukumar ba da agajin gaggawa ta jiha, wato SEMA, sannan ka gaida bulama ko lawanin unguwa. Kada ka ɗaga jirgi marar matuƙi ba da sanin sojoji ba. Tafinta kuwa dole ne, don tsofaffi da yawa ba sa iya fitar da abin da ke ransu sai da Kanuri ko Larabcin Shuwa. In mata za ka yi wa tambayoyi, tafintar ta zama mace. Ka biya ta da kyau, ka rage kuɗin otal.

Wurin hira ne aka fi lalata aiki. Ranar farko kada ka fito da kyamara ko kaɗan. Ka zauna, a sha shayi, ka faɗa musu gaskiya cewa fim ɗin zai shiga WhatsApp, maƙwabta za su gani a waya, har ’yan Boko Haram da ke daji suna iya gani. Matar da ta kuɓuto daga hannunsu da goyo tana fama da tsangwama tun kafin zuwanka, kai kuma gobe za ka hau mota ka bar ta a unguwar. In ta ce a ɓoye fuska, ka ɗauki hannayenta ko bayanta, ka sauya murya da suna, ka duba kada bangon gidanta ya tona ta.

Kada ka buɗe da “Mama, yaya aka kashe shi?” Ka tambaye ta me suke nomawa a da, wa ke ɗebo ruwa yanzu. Ita da kanta za ta kai ka ga ranar da abin ya faru, in ta ga dama. In ta yi shiru, kai ma ka yi shiru, kada ka cike wurin da “Allah sarki”. In kuka ya zo, ka tambaya ko a tsaya, in ta ce a tsaya ka kashe kyamarar da gaske. Matso da hoto kan hawaye rashin tausayi ne, ban yarda da shi ba.

Makirufon maƙalawa a riga ya fi sabuwar kyamara amfani. Ka yi ɗauka da hantsi, nesa da janareta.

A wajen tacewa, ka rage kiɗa, ka bar hotunan gawarwaki na intanet inda suke. Kafin ka saki fim ɗin, ka koma ka nuna musu. Wanda ya ce a cire shi, a cire.