Yadda ɗan Najeriya zai yi wa aurensa rajista idan zai auri 'yar Masar a can

Ɗalibai da 'yan kasuwarmu da suka daɗe a Alƙahira sun san yadda abin yake faruwa. Mutum ya ga yarinya, iyayenta sun amince, an kira malami da shaidu biyu, an yanka sadaki, an shafa fatiha. A addini aure ya ɗauru. Amma ranar da ya je neman mata biza, ko ranar da aka haihu ana son takardar haihuwa, sai a ce masa ina wasiƙar aure, wato takardar shaidar aure ta hukuma. Abin da ke hannunsa 'yar takarda ce da aka rubuta a falo, irin wadda Masarawa ke kira auren urfi, kuma ba ta buɗe ƙofar ofis.

Abu na farko da za ka sani: ma'azun, wato jami'in da ke rubuta auren Musulmi a unguwanni, na 'yan ƙasa ne idan sun auri juna. Da zarar ɗaya daga cikin ma'auratan baƙo ne, maganar ta koma ofishin auren baƙi na Ma'aikatar Shari'a. Nan za ka dosa, kuma duk takardun da ke ƙasa domin wannan ofishi ake tara su.

Fara daga gida, kafin ka hau jirgi

Nemi takardar haihuwarka ta Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa. Wanda aka haifa kafin dokar 1992 da ta wajabta rajistar haihuwa yakan yi rantsuwar shekaru a kotu, sannan hukumar ta ba shi takardar tabbatarwa. Sai ka je babbar kotu ka yi rantsuwa kan matsayinka: ba ka taɓa aure ba, ko ka rabu, ko matarka ta rasu, ko kuma kana da iyali. Idan saki ne, haɗa da takardar kotun da ta tabbatar da shi. Idan rasuwa ce, takardar mutuwa.

A nan ne mutane suka fi yin tuntuɓe. Najeriya ba ta cikin yarjejeniyar Hague ta 1961, wadda ta sa hatimi ɗaya ke wadatar da takarda a ƙasashe da yawa. Saboda haka takardarka sai ta bi layi: Ma'aikatar Harkokin Waje a Abuja ta buga mata hatimi, sannan ofishin jakadancin Masar ya buga nasa. Wanda ya tsallake wannan ya tafi, zai dawo yana roƙon ɗan'uwa ya yi masa yawon ofis a Abuja, ana aiko takardu ta hannun fasinja.

Duba sunanka da kyau. Idan fasfo ya ce Muhammad, takardar haihuwa ta ce Mohammed, rantsuwa ta ce Mamman, gyara tun kana gida. Mai fassara zuwa Larabci abin da ya gani zai rubuta, jami'i kuma zai ga mutum uku.

Idan ka isa Alƙahira

Je ofishin jakadancin Najeriya ka nemi takardar da ke cewa babu abin da ya hana ka aure. A ciki ake son a ga addininka, ranar haihuwarka, sana'arka da abin da kake samu, da ko kana da mata. Daga nan a kai ta Ma'aikatar Harkokin Wajen Masar ta tabbatar da hatimin. Duk abin da yake da Turanci a ba mai fassara da hukuma ta yarda da shi. Fasfonka ya zama yana da izinin zama mai rai, ku biyun ku yi gwajin lafiya na kafin aure a asibitin gwamnati, ku tanadi hotuna da shaidu biyu masu katin shaida. Dole kowannenku ya kai shekara 18.

Akwai wani sharaɗi da ya shafi manyanmu masu furfura. Idan ango baƙo ya girmi amarya Bamasariya da fiye da shekara 25, umarnin Ministan Shari'a na 2015 ya ce sai ya ajiye mata takardun ajiyar banki na fam ɗin Masar dubu 50 da sunanta. An yi shi ne saboda attajiran da ke zuwa su auri 'yan ƙauye na 'yan watanni su gudu.

Maganar uwargida fa, kada ka ɓoye ta. Dokar Masar ba ta hana mace ta biyu ba, amma tun 1985 ta wajabta wa miji ya bayyana matan da yake da su a cikin wasiƙar aure. Ƙarya a nan laifi ce. Sannan ka tuna wane irin aure ka yi a gida. Idan na rajista ne a ƙarƙashin Dokar Aure ta tarayya, wannan aure na mace ɗaya ne, kuma ƙara wata a kansa na iya jawo ɗaurin shekara 5. Idan na Musulunci ne, wannan bai shafe ka ba. Wanda kuma ya ji labarin Masar kada ya ɗauka ko'ina haka ne: Turkiyya ba ta rubuta aure na biyu ko kaɗan.

Ranar da za a rubuta, ku je da kanku tare da shaidu, kuma ka tafi da waliyyin amarya ko da takarda ba ta nema ba, don surukai ba sa manta irin wannan. Za a rubuta sadaki, na hannu da na ajali. Karanta adadin kafin ka sa hannu, domin kuɗin rajista yana bin sadakin da aka rubuta, kuma na ajali bashi ne da kotu za ta karɓar mata.

Kafin ku taho gida

Wasiƙar aure za ta fito da Larabci. A mayar da ita Ma'aikatar Harkokin Wajen Masar, a fassara ta zuwa Turanci, ofishin jakadancin Najeriya ya tabbatar. Yi kwafi da yawa, ka ɗauki hotonta ka adana a waya. Da ita za ka nema wa matarka biza, da ita kuma Hukumar Shige da Fice za ta ba ta izinin zama a matsayin matar ɗan ƙasa.

Sashe na 26 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba matar ɗan Najeriya damar neman zama 'yar ƙasa ta hanyar rajista a Ma'aikatar Cikin Gida. Abin takaici, sashen bai ambaci baƙon da ya auri 'yar Najeriya ba, don haka 'yar'uwarmu da ta auri Bamasare ba ta da wannan hanya ga mijinta. 'Ya'ya kuwa babu matsala: sashe na 25 ya ce wanda aka haifa a waje ɗan Najeriya ne muddin uwa ko uba ɗan ƙasa ne, Masar ma tun 2004 ta yarda uwa ta ba ɗanta ƙasarta. Idan an haihu a can, karɓi takardar haihuwar Masar tukuna, sannan ka kai ta ofishin jakadanci tare da wasiƙar auren a yi wa jariri fasfo.